Ruwan da Ba a Yi wa Lissafi, Talaka Ke Biyan Kuɗinsa

Tun kafin a sallame sallar asuba ake jin kukan tayar kura a lungunan Kano. Mai garuwa ne ya jera jarkoki goma sha biyu ya turo daga gidan mai burtsatse, gumi na tsatstsafo masa duk da sanyin safiya. Uwargida ta leƙo daga soro, ta kwance bakin zane, ta ƙirga abin da maigida ya bari na cefane, ta ware kuɗin jarka huɗu. Biyu na sha da girki, ɗaya ta wankan 'yan makaranta, ɗaya ta alwala da wanke-wanke. Wanki sai Asabar. A tsakar gidan akwai kan famfo da ya yi tsatsa, an mayar da shi wurin shanya tsumma, kuma yaran gidan ba su taɓa ganin ya ɗiga ba.

Bari mu taya ta lissafi. A ce jarka mai lita 25 naira 100 ce. Jarka huɗu a rana naira 400 ke nan, a wata naira 12,000. Abin da ta saya da wannan kuɗi lita 100 ne kacal a yini. In mutum takwas ne a gidan, kowa bai samu lita 13 ba, alhali Hukumar Lafiya ta Duniya tana ganin lita 20 a rana shi ne mafi ƙarancin abin da mutum ɗaya zai rayu da shi cikin 'yar tsafta. A can wata unguwar kuwa, inda famfo ke zuwa, akwai mai biyan ƙayyadadden kuɗi a wata, ko tulu ɗaya ya ɗiba ko motoci uku ya wanke. Wani ma ba ya biyan ko sisi, domin da daddare ya sa aka huda masa bututu.

To wa ya ce ruwa kyauta ne? Kullum akwai mai biya. Abin da ke faruwa shi ne, duk inda aka ƙi zama a yi wa ruwa lissafi, nauyin kan gangara ya faɗa kan wanda ba shi da baki: matar da ke ƙarshen lungu, manomin da ke ƙarshen magudana, da masuncin da ke ƙarshen kogi.

Kyautar Allah da ladan wahala

Da zarar an ambaci kuɗin ruwa, wasu kan ce ai ruwa na Allah ne, yaya za a sayar? Gaskiyarsu, amma da sauran magana. Malaman fiƙihu sun daɗe da rabe tsakanin ruwan kogi ko tafki, wanda kowa ke da haƙƙi a cikinsa, da ruwan da mutum ya sha wahala ya ɗebo ya zuba a mazubinsa, wanda ya halatta ya sayar. A Madina ma an yi rijiyar Ruma da mai ita ke sayar da ruwanta, har Sayyidina Usman bin Affan ya saye ta ya mayar da ita waƙafi. Jama'a sun sha kyauta, amma sai da wani ya zuba dukiyarsa.

Haka abin yake a yau. Ruwan da ke fitowa daga matatar Tamburawa ko ta Calawa ba da kansa yake hawowa ba. Sai an tace shi da alam, an zuba masa sinadarin kashe ƙwayoyin cuta, an tura shi da manyan injuna masu cin lantarki, in babu wuta a ƙona man gas. Bututu na tsufa, injin na lalacewa, ma'aikaci na jiran albashi. Da ruwan ciki ake jan na rijiya. Idan jama'a suka ce ba za su biya ba tunda ruwa ba ya zuwa, hukuma ta ce ba za ta iya kawowa ba tunda ba a biya, sai a yi ta zagaye a wuri ɗaya, mai garuwa da mai tanka su cike giɓin da farashin da suka ga dama.

Duniya ta yi wannan muhawara ta gama. A taron da aka yi a birnin Dablin a 1992 an amince cewa ruwa kadara ce mai daraja wadda dole a riƙa yi wa lissafi. A 2010 kuma Majalisar Ɗinkin Duniya ta ayyana samun tsaftataccen ruwa a matsayin haƙƙin kowane ɗan Adam. Maganganun biyu ba sa karo da juna. Ruwan sha da na girki haƙƙi ne, bai kamata talauci ya hana kowa shi ba. Ruwan wankin mota da na masana'anta da na gonar kasuwa kuwa jari ne, mai cin ribarsa shi ya kamata ya ɗauki nauyinsa.

Daga Tiga zuwa Nguru

Wanda ke son ganin abin da rashin lissafi ke haifarwa, ya bi kogin Haɗeja daga sama har ƙasa. Kogin Kano da na Calawa ne ke haɗuwa su zama shi. Ya ratsa Wudil da Ringim da Haɗeja, sannan ya baje cikin wata makekiyar fadama da ta kama daga Haɗeja zuwa Nguru da Gashuwa, inda ruwan kogin Jama'are ke riskarsa. Daga nan ya zama kogin Yobe, ya bi ta Gaidam, ya zama iyaka tsakanin Nijeriya da jihar Difa ta Nijar, ya faɗa tafkin Cadi.

A da, wannan kogi yana da lokacinsa kamar agogo. Da tsakiyar damina ya cika ya malale fadama, manoma su yi shinkafa. Ruwa na janyewa su bi danshi su shuka wake da sauran kayan rani. Kifi ya shiga ciyawa ya yi ƙwai, masunta su samu na sayarwa. Da bazara ƙasa ta bushe, makiyaya su sauko da shanu su ci ɗanyar ciyawa su bar taki. Mata su yanki kaba su saƙa tabarma. Ruwan da ya kwanta wata da watanni kuma ya nutse ƙasa ya cika rijiyoyin garuruwan da ke nesa da kogin. A shekarun 1960 da farkon 1970, ambaliyar kan rufe abin da ya kai hekta 250,000 zuwa 300,000.

A 1974, zamanin Gwamna Audu Baƙo, aka kammala madatsar Tiga, mai ɗaukar ruwa kusan lita tiriliyan 2. A 1992 aka ƙara da madatsar Calawa a yankin Ƙaraye. Kada a yi butulci, madatsun nan sun yi rana. Su ne ke shayar da birnin Kano. Ta Tiga ce ta mayar da Kadawa da Kura da Bunkure da Garun Malam cibiyar noman rani, inda shinkafa da alkama da tumatir ke fita, har kasuwar Kwanar Gafan ta yi suna. Dubban gidaje da ruwan Tiga suke ci.

Sai dai lokacin da ake zana aikin, ribar da za a samu a sama aka ƙirga, ba a ƙirga asarar da za a yi a ƙasa ba. Madatsun biyu sun riƙe kusan kashi 80 cikin 100 na ruwan da ke shiga kogin Haɗeja. Ga kuma farin da aka sha a shekarun 1970 da 1980. Ambaliyar da ke rufe hekta 300,000 ta koma tsakanin 70,000 da 100,000.

A farkon shekarun 1990 wani masanin tattalin arziki, Edward Barbier, da abokan aikinsa suka zauna suka yi lissafin da ya kamata a ce an yi tun farko. Suka auna abin da ruwa ke samarwa in an bar shi ya malale fadama, wato noma da su da itacen girki, suka kwatanta da abin da yake samarwa a aikin noman rani na kogin Kano. Suka tarar kowace lita miliyan ɗaya tana haifar da ribar da ta kai aƙalla dalar Amurka 32 a fadama, a aikin noman rani kuwa senti 15. Ba su ma saka kiwo da cikar rijiyoyi a ciki ba. An yi wannan lissafi fiye da shekara 30 da suka wuce, kuma noman Kadawa ya bunƙasa sosai daga baya. Amma darasin na nan daram: ruwan da ake ce wa yana tafiya a banza, abincin wasu ne. Laifinsa kawai shi ne kifin Nguru da nonon Bafulatana da tabarmar kaba ba sa shiga takardun ofis.

Kacala

Asarar ba a nan ta tsaya ba. Domin a shayar da birni da gonaki, yanzu ana sakin ruwa kaɗan-kaɗan duk shekara, sai kogin da ya saba bushewa da rani ya daina bushewa. Wannan shi ne abin da ciyawar kacala ke so. Wanda bai je yankin Guri ko Kirikasamma ko Nguru ba, ba zai gane girman masifar ba. Ciyawa ce da ke fin mutum tsawo, ta yi cunkus kamar an dasa, ta haɗe hanyar ruwa daga gaɓa zuwa gaɓa. Masunci ya tura kwale-kwale da gora ya kasa kutsawa, ya jefa koma ta sarƙe. Laka ta taru a gindinta, ruwa ya rasa hanya ya fasa ya shiga gonaki da gidaje. Magudanar Marma, wani reshe na kogin, ta cika ta batse, wasu magudanun kuma suka toshe, garuruwan da ke bakinsu suka koma jiran ruwan da ba ya isowa. A cikin duhun kacalar ne kuma tsuntsayen jan-baki ke kwana, gari na wayewa su sauka kan shinkafa da gero kamar hadari, yara su wuni suna kaɗa gwangwani maimakon zuwa makaranta.

Mazauna ƙauyuka kan yi gayya su shiga ruwa da lauje da adda su yanke ta, kafin wata damina ta sake tofowa. Gumin nan da suke yi, shi ma kuɗin ruwa ne. Wanda ya sha a sama bai san ana biya masa a ƙasa ba.

Shari'ar Musulunci tana da ƙa'ida a kan irin wannan. An yi hukunci a Madina cewa mai gona a sama ya tare ruwa har ya kai idon sawu, sannan ya saka wa na ƙasa da shi. Na sama yana da haƙƙin fara sha, amma ba shi da haƙƙin riƙewa fiye da buƙata. Masana ruwa na zamani ma abin da suke ba da shawara ke nan game da Tiga da Calawa: a riƙa sakin ruwa mai yawa a lokacin da fadama ta saba cika, a kuma tsuke da rani don magudanu su bushe kacala ta mutu. A 2006 gwamnonin Kano, Jigawa, Yobe, Borno, Bauci da Filato suka haɗu a Damaturu suka kafa asusun kula da wannan kogi. Tun 1990 kuma akwai yarjejeniyar Maiduguri tsakanin Nijeriya da Nijar kan raba ruwan da suka yi tarayya a kansa, domin mai noman tattasai a Difa shi ma da wannan kogin yake taƙama. Takardu dai akwai su. Abin da ya rage shi ne jama'a su san da su, su riƙa tambayar ina aka kwana.

Yadda ake yi wa ruwa lissafi

Hanya ta farko ita ce mita da farashi mai hawa-hawa. Ruwan farko da gida ke buƙata don rayuwa a sa masa kuɗi kaɗan ko a bayar kyauta, abin da ya haura nan farashi ya riƙa tashi. A Afirka ta Kudu, a 2001 an ɗauki tsarin ba gida lita 6,000 kyauta a wata, wanda ya wuce ya biya. Sai dai a nan ƙasar Hausa akwai abin lura. Gidan gandu mai mutum talatin da famfo ɗaya zai zarce matakin farko cikin 'yan kwanaki, a caje shi kamar gidan attajiri. Dole duk tsarin da za a kawo ya duba yawan mutanen gida. Kuma ba a fara wa mutum da takardar biya alhali famfonsa a bushe yake. Ruwa ya fara zuwa, sannan a yi maganar kuɗi.

Ta biyu ta shafi manoma, kuma su ne suka fi kowa shan ruwa, domin a duniya kusan kashi 70 cikin 100 na ruwan da ake ɗiba gona yake tafiya. Inda ake karɓar kuɗin ruwa bisa faɗin gona kawai, manomin da ke bakin magudana ba shi da dalilin tattali. Ya buɗe ruwa da yamma ya tafi gida, da safe ya tarar ya cika fadamar shinkafa ya tsallake kunya ya malale hanya. Na ƙarshen layi kuma yana can da injin ban-ruwa yana ƙona fetur yana zuƙo laka. Maganin wannan shi ne ƙungiyoyin masu amfani da ruwa, inda manoma da kansu ke tsara ranar kowa, su tara kuɗi, su yashe magudana, su ci tarar mai ɓarna. Aikin gyaran noman rani da Bankin Duniya ya amince da shi a 2014, wanda ya shafi Kadawa da kwarin Haɗeja da Bakolori, a kan irin waɗannan ƙungiyoyi ya jingina. Ba baƙon abu ba ne gare mu. Sarkin ruwa ya daɗe yana rufe tafki ya hana su har kifi ya girma, kuma da wannan dokar ce kogin Matan Fada na Argungu ke tara kifin da ake biki da shi.

Ta uku, mai ɓatawa shi zai biya. Wanda ya san rafin Jakara da na Getsi, ko ya bi ta bayan masana'antun Sharaɗa da Calawa da Bompai, ya ga ruwa mai launi da wari yana gangarawa, ya kuma ga lambunan latas da kabeji da ake shayarwa da shi. Masana'antar da ta zubar da dagwalonta ba tare da tacewa ba ta rage wa kanta kashe kuɗi, amma kuɗin bai ɓace ba, ya koma asibiti ne a aljihun wani. In tarar zubarwa ta fi kuɗin tacewa tsada, kuma ana karɓarta ba sani ba sabo, kowa zai gina matata ba sai an roƙe shi ba.

Ta huɗu, a saka wa mai kare tushen ruwa. Birnin Niyok na Amurka ya taɓa fuskantar gina matatar da za ta ci biliyoyin daloli. A 1997 sai ya ƙulla yarjejeniya da mazauna tsaunukan da ruwansa ke fitowa, ya riƙa kashe kuɗi wajen kare dazuzzuka da gyara yadda ake noma da kiwo a can, abin ya zo masa da sauƙi nesa ba kusa ba. Mu ma ruwan Tiga daga wajen dajin Falgore yake gangarowa. Duk bishiyar da aka sare a can aka yi gawayi, ƙasar da take riƙewa madatsa za ta zo ta cike. Ƙauyen da ya tsare daji yana yi wa mai famfo a Kano aiki, ya kuwa cancanci lada.

Ta biyar, a ware kuɗin gyara tun kafin bango ya tsage. Madatsa ba dutsen Dala ba ce, tana tsufa. Ta Bagauda ta ɓalle a 1988. Ta Alau ta ɓalle a watan Satumba na 2024, ruwa ya mamaye babban ɓangare na Maiduguri, aka yi asarar rayuka, dubban ɗaruruwan mutane suka bar gidajensu. Abin da ake kashewa bayan irin wannan musiba ya ninka kuɗin gyara sau da yawa, rai kuwa ba ya da farashi.

Asusun da ke ƙarƙashin ƙafarmu

Da famfo ya ƙi, kowa ya koma haƙa burtsatse. Ana ɗauka kowa nasa yake sha, alhali ƙwarya ɗaya ce aka zuba wa ludayi da yawa. Birnin Kano a kan dutse yake zaune, ruwan ƙarƙashinsa a cikin tsaguwar dutse da ruɓaɓɓen saman dutsen yake maƙalewa, ba teku ba ne. Mai hali ya zurfafa nasa ya sa injin yana ja dare da rana, rijiyar maƙwabcinsa da kakanni suka haƙa ta ƙafe a watan Maris, shi ma ya shiga layin masu jiran garuwa. Ga kuma burtsatsen da ake haƙawa taku kaɗan daga masai, a sha a kwanta da taifot ko amai da gudawa.

Asusun da ake ɗiba ba a zubawa, ƙarshensa sananne ne. Da can kududdufai ne ke karɓar ruwan sama su riƙe shi ya nutse a hankali. Yau an cike da yawansu da shara an yanka filaye an gina shaguna, tsakar gida kuma duk an shafe da siminti. Wanda ya sayar da filin kududdufi ya karɓi kuɗinsa sau ɗaya. Unguwa kuwa za ta yi ta biya duk shekara, da damina ruwa ya shiga ɗaki, da bazara rijiya ta bushe.

Abin da ke hannunmu

Maigida ya zauna da iyalinsa su ƙirga abin da ke fita na ruwa a wata, zai sha mamaki. In famfo na zuwa unguwarku, ku biya, ku karɓi rasit, domin mai rasit a hannu shi ke da bakin yin ƙorafi. In ba ya zuwa, ku haɗu da mai unguwa ku kai kuka a rubuce, kuma ku riƙe maganar har ranar da masu neman ƙuri'a za su zo. Bututun da ya fashe a bakin titi ba na gwamnati ba ne, ruwan wani gida ne ke zuba a kwata, a kai rahoto. Maimakon burtsatse goma a layi ɗaya, a haɗa kuɗi a yi ɗaya mai kyau nesa da masai, a sa masa kwamiti da asusun gyara, don kada ya bi sahun famfunan tuƙa-tuƙa da ke tsaye a ƙauyuka sun mutu saboda ƙaramin ƙarfen da aka rasa mai saye. Mai rufin kwano ya tari ruwan sama. Manomi ya shiga ƙungiyar ruwa, ya biya nasa, ya nemi a karanta masa lissafin inda kuɗin ya tafi. Limamai kuma su tuna wa jama'a cewa an hana almubazzaranci da ruwan alwala ko da a bakin kogi mutum yake.

Mu mazauna Kano da Kura da Wudil mu ne na sama. Ruwan da ya wuce ta gabanmu akwai mai jiransa a Guri, akwai a Gashuwa, akwai a Difa. In ya kai mana idon sawu, mu saki.